Yadda ake gasa kek ɗin abarba da gyaɗa a gida ba tare da ya jiƙe ba

Duk wanda ya shiga kasuwa sayen fulawa da bota da sukari a 'yan shekarun nan ya san cewa gashin kek ya wuce a yi shi da ka. Idan uwargida ta zuba kuɗinta a kayan haɗi, ta ƙona gas ko gawayi, sannan ta buɗe murfi ta tarar da ƙasan ya yi caɓal, saman kuma ya soma baƙi, asarar ta shafi aljihu kafin ta shafi zuciya. Ga mai yin sa domin sayarwa a ofis ko a shago kuwa, abin ya fi ciwo, domin mai saye idan ya ɗanɗana abu mara kyau sau ɗaya, da wuya ya dawo.

Kek ɗin abarba da gyaɗa, wanda ake gasawa a faranti ɗaya a yayyanka shi gida-gida, yana daga cikin kayan maƙulashe masu sauƙin haɗi. Ba ya buƙatar injin bugu, ba ya buƙatar ƙwai, ba ya jiran kumburi. Sai dai yana da wuri guda da yake kayar da masu koyo, wato ruwan da ke cikin abarba. Wanda ya iya sarrafa ruwan nan ya iya kek ɗin.

Asalinsa da yadda yake

Wannan salon gashi ya fi shahara a gidajen Amurka, inda ake shimfiɗa kwaɓi a faranti mai kusurwa huɗu, a gasa shi gaba ɗaya, a yanka shi dogo-dogo kamar sandar sabulu. Hawa uku gare shi: ƙasa akwai kwaɓin fulawa da bota mai garas-garas kamar biskit, tsakiya akwai dafaffiyar abarba mai kauri, sama kuma ɓarɓashin kwaɓi gauraye da gyaɗa. Daɗinsa yana cikin haɗuwar abu mai ƙarfi da abu mai laushi, da zaƙi da ɗan tsami, a loma ɗaya.

Ita abarba asalinta Kudancin Amurka ne, yankin da ya haɗa Barazil da Paraguwai a yau. Turawa sun fara cin karo da ita ne a 1493, lokacin da Christopher Columbus ya isa tsibirin Guadeloupe, daga baya kuma jiragen Turawan Fotugal suka yaɗa ta zuwa gaɓar Afirka da Asiya. A ƙasashen Indunusiya da Malesiya, ƙananan biskit masu cike da dafaffiyar abarba suna cikin kayan da ake ajiye wa baƙi a ƙaramar Sallah, kamar yadda ake ajiye cincin da dubulan a gidajenmu. A irin waɗannan biskit, dabarar ɗaya ce: sai an dafa ta ta tsane kafin ta taɓa kwaɓi.

A Najeriya ana noman abarba da yawa a jihohin kudu irin su Edo da Kuros Riba, manyan motoci kuma suna sauke ta a kasuwar 'Yan Lemo da ke Kano da kasuwar Zuba a Abuja da sauran manyan garuruwa. Gyaɗa kuwa ba sai an faɗa wa Bakano darajarta ba. Ke nan manyan kayan haɗin biyu a ƙofar gida suke.

Abin da ya sa abarba take ɓata kwaɓi

Kimanin kashi 86 cikin ɗari na tsokar abarba ruwa ne. Idan aka yanka ta ɗanya aka zuba a kan kwaɓi, zafin wuta zai fasa ƙwayoyin jikinta, ruwan ya tsiyayo ƙasa. Kwaɓin da ya kamata ya gasu sai ya koma dahuwa a cikin ruwa, kuma duk daɗewar da zai yi a wuta ba zai yi ƙarfi ba. Masu koyo sukan ƙara lokaci da fatan ya bushe, a nan ne gyaɗar sama take ƙonewa.

Bayan ruwa, ɗanyar abarba tana ɗauke da wani sinadari mai suna bromelain, wanda aikinsa shi ne narkar da furotin. Shi ne yake sa harshe ya yi ƙaiƙayi idan an sha abarba da yawa, shi ne kuma yake sa nama ya yi laushi idan an jiƙa shi a ruwanta. Idan ya haɗu da madara ya daɗe, yakan sa ta yi ɗaci. Zafin dahuwa yana kashe ƙarfinsa gaba ɗaya, shi ya sa abarbar gwangwani ba ta cizon harshe. Dafa abarba tun farko yana maganin matsalolin biyu a lokaci guda, kuma yana tattara zaƙinta da ƙamshinta wuri ɗaya.

Zaɓen abarba a kasuwa

Abarba ba kamar ayaba ko mangwaro ba ce. Da zarar an sare ta daga gona, zaƙinta ya tsaya inda yake. Ajiye ta kwana uku zai sa ta yi laushi, launinta ya sauya, amma ba zai ƙara mata sukari ba. Saboda haka a wurin mai sayarwa ake yanke hukunci.

A ɗaga ta a ji nauyinta, a sunsuna gindinta. Nunanniya tana ƙamshi mai daɗi daga ƙasa, kuma idan an danna ta takan ɗan lotsa kaɗan. Wadda ba ta ƙamshi sam ba ta nuna ba. Wadda take warin tsami kamar abin da ya kwana ta fara lalacewa. Launin bawo ba abin dogaro ba ne. Doguwar abarbar nan da ake kira ta Kwatano takan nuna sarai alhali bawonta kore ne, cikinta fari-fari, zaƙinta ya fi tsaminta. Idan ita aka samu, sai a rage sukari a ƙara lemon tsami. Zagayayyar abarba mai rawayar tsoka ta fi tsami da ruwa, don haka ta fi buƙatar daɗewa a wuta.

Gyaɗa da lafiyar mai ci

Batun gyaɗa ya wuce na ɗanɗano. Gyaɗar da ba ta bushe da kyau ba, ko aka ajiye ta a wuri mai danshi, takan kamu da wani nau'in funfuna da ke haifar da gubar aflatoxin. Masana lafiya sun tabbatar da alaƙar wannan guba da ciwon dajin hanta, kuma suya ko gashi ba sa kawar da ita yadda za a dogara da su. Hanyar kariya a gida ita ce tsincewa. A baza gyaɗar a tire, a fitar da duk wadda ta motse, ko ta sauya launi, ko ta fashe, ko ƙwaro ya huda ta, ko take warin ruma. Duk ƙwayar da aka tauna aka ji ɗaci a tofar da ita. Arhar gyaɗa maras kyau ba riba ba ce.

Bayan an tsince, a soya ta sama-sama a cikin yashi ko busasshen kasko, kada ta yi ja sosai, domin za ta sake shiga wuta. A murje bawon a fece, sannan a ɓarza ta a turmi da sauƙin hannu. Ana so ta farfashe gida uku ko huɗu. Idan aka matsa mata daka, mai zai fito ta koma tunkuza.

Mai hali zai iya sa kashu a maimakon gyaɗa ko ya raba su biyu. Gogaggiyar kwakwa da aka busar a kasko ma tana dacewa da abarba ƙwarai, haka nan ɗan riɗi. Akwai kuma mutanen da jikinsu ba ya karɓar gyaɗa ko kashu, har abin yakan kai ga kumburin fuska da toshewar numfashi. Wajibi ne mai sayarwa ko mai rabawa a taro ya sanar cewa akwai gyaɗa a ciki.

Kayan haɗi da ma'auni

Ma'aunin da ke tafe na faranti ne mai tsawon santimita 33 da faɗin santimita 23, wanda yake ba da yanka 24. Wanda ba shi da sikeli zai iya amfani da ƙaramin gwangwanin madarar ruwa, a cika shi a share bakinsa, kada a danna.

Na kwaɓi: fulawa giram 375, wato kimanin gwangwani huɗu da rabi, bota giram 250, sukari giram 125, wato gwangwani ɗaya da bai cika sosai ba, gishiri rabin ƙaramin cokali. Lissafin yana da sauƙin riƙewa: fulawa kashi uku, bota kashi biyu, sukari kashi ɗaya. Da wannan za a iya ninka shi ko a rage shi ba tare da an rikice ba.

Na tsakiya: babbar abarba ɗaya ko matsakaita biyu, yadda tsokar za ta kai kusan kilo ɗaya bayan an fere, sukari giram 80 zuwa 100, garin sitacin masara babban cokali biyu, ruwan lemon tsami babban cokali ɗaya, ɗan garin citta ko kirfa.

Na sama: ɓarzajjiyar gyaɗa giram 150.

Yawancin abin da ake kira bota a shagunanmu daga man tsirrai aka yi shi, kuma yana aiki. Abin da za a guje wa shi ne nau'in nan mai laushi sosai da aka yi domin shafa wa burodi, saboda wasu daga cikinsu ruwa ya yi musu yawa. Soyayyen man shanu ma yana yi, har ya fi ƙamshi, sai dai da yake shi zallan mai ne, giram 200 ya isa, a ƙara babban cokali biyu na ruwan sanyi.

Dahuwar abarba

A fara da wannan, domin sai ta huce za a yi amfani da ita. A fere abarbar, a ƙwaƙule idanunta, a cire zuciyar nan mai tauri. A goga tsokar da abin gogar kuɓewa ko a yanka ta ƙanana sosai. Kada a niƙa ta a injin markaɗe har ta zama ruwa. Ana so a ji ɗan zarenta a baki.

A zuba ta a mataci a bar ta minti goma sha biyar ta tsane. Ruwan da ya tsiyaya a sha shi ko a zuba a zoɓo, bawon ma idan an wanke shi da kyau kafin fira ana tafasa shi tare da zoɓon. Wannan tacewa tana rage lokacin dahuwa, ke nan tana rage cin gas.

A juye tsokar a tukunya mai faɗi, a sa sukari da lemon tsami da citta. Tukunya mai faɗi ta fi mai zurfi saurin fitar da tururi. Idan da hali a yi amfani da ta ƙarfen da ba ya tsatsa, saboda abu mai tsami idan ya daɗe a tukunyar dalma yakan ɗauki ɗanɗanon ƙarfe. A dafa a matsakaiciyar wuta ba murfi, ana juyawa lokaci zuwa lokaci, na tsawon minti 20 zuwa 30. Yayin da ruwan ya ja baya sai a yawaita juyawa, domin a nan ne sukari yake kama gindin tukunya.

Alamar ta yi ita ce a ja cokalin katako a tsakiyar tukunyar: idan hanya ta buɗe, gindin tukunya ya bayyana, ruwa bai biyo ya rufe ta nan take ba, to ta kai. A dama sitacin masara da ruwan sanyi babban cokali biyu, a zuba, a juya minti ɗaya ko biyu har ta yi sheƙi ta haɗe jikinta. A sauke a baza ta a faranti ta huce. Abarba mai zafi idan ta hau kwaɓi takan narkar da botar da ke ciki tun kafin a kai ga wuta.

Kwaɓi da gashi

A haɗa fulawa da sukari da gishiri a roba, a yanka bota mai sanyi a kai, a murza da kan yatsu har ya zama kamar dambu. Ba a murza shi kamar kwaɓin burodi ko na fanke. Yawan murza fulawa yana tayar da danƙon da ke cikinta, abin da burodi yake so, biskit kuma yake ƙi. A lokacin bazara, idan aka ga botar ta fara narkewa a hannu, a sa robar a firji na minti goma, ko a yi aikin da sassafe kafin rana ta ɗaga.

A shafa wa farantin gashi mai, a shimfiɗa takardar gashi ta ɗan zarce baki, domin a samu abin kamawa wajen ɗagowa. A zuba kashi biyu cikin uku na kwaɓin, a danne shi da gindin kofi ya kwanta daidai har kusurwa. A tsattsaga shi da cokali mai yatsu. Ragowar kashi ɗayan a gauraya shi da gyaɗa a ajiye a wuri mai sanyi.

A kunna obin tun da wuri ya kai maki 180 a ma'aunin Salshiyos. A gasa ƙasan shi kaɗai na minti 15, har gefensa ya fara ja. Wannan gashin farko shi ne katanga ta biyu tsakanin biskit da danshin abarba, kuma tsallake shi domin sauri yana daga cikin manyan kurakuran masu koyo. A fito da shi, a shimfiɗa abarbar da ta huce, a barbaɗa haɗin gyaɗa a sama, a ɗan danna da tafin hannu yadda zai kama. A mayar wuta na minti 25 zuwa 30, har saman ya yi launin ƙuli-ƙuli mai haske. Idan gyaɗar ta yi ja da wuri, a ɗora takarda a sama a ci gaba.

Idan babu obin

Rashin obin ko rashin wutar lantarki ba ya hana wannan gashi. A samu babbar tukunya mai murfi da ke rufuwa ruf, a zuba yashi mai tsabta kaurin yatsu biyu, a ɗora ƙananan duwatsu uku ko wani ƙarfe da zai ɗaga farantin daga yashin. A rufe a bar ta ta yi zafi na minti goma zuwa sha biyar kafin a saka komai. Da yake babban faranti ba zai shiga ba, a raba ma'aunin biyu a yi amfani da zagayayyen faranti mai faɗin santimita 23 ko mai kusurwa huɗu na santimita 20.

A tukunya zafi daga ƙasa yake zuwa, don haka wuta ta kasance ƙasa-ƙasa, kuma a sa ran lokacin zai ɗan zarce na obin. Mai amfani da gawayi ya fi kowa sa'a: sai ya rage garwashin ƙasa, ya ɗora wasu a kan murfi, saman ya gasu kamar yadda ƙasan ya gasu. Duk lokacin da aka buɗe domin dubawa, a goge gumin da ya taru a cikin murfin kada ya ɗiga a kai. Yawan buɗewa kuma yana korar zafi.

Yanka da ajiya

Kek ɗin yana fitowa daga wuta da laushi, kuma wanda ya sa masa wuƙa a lokacin zai tarar da shi ya wargaje. Sai ya huce sarai, aƙalla awa biyu, botar ta daskare, sitacin ya kama abarbar. Mai haƙuri shi ke dafa dutse. Bayan nan a kama takardar a ɗago shi gaba ɗaya zuwa kan katako, a yanka layi shida ta tsawo, huɗu ta faɗi, ana goge wuƙar bayan kowane yanka.

Da yake tsakiyarsa 'ya'yan itace ne, ba ya jure ajiya kamar cincin. A lokacin zafi ko damina kada ya wuce kwana biyu a waje, a cikin mazubi mai murfi. A firji mai samun wuta yana kai kwana biyar. Da hunturu busasshiyar iska tana taimaka masa ya riƙe garas ɗinsa. Kada a ɗaure shi a leda da sauran ɗumi, domin gumin da zai taru shi ne mafarin funfuna. Idan ya yi laushi bayan kwana ɗaya, minti biyar a wuta mai sauƙi yana dawo da shi. Idan kuwa aka ga ɗigon funfuna ko aka ji warin tsami, a zubar, kada a kankare a ci.

Masu ciwon sukari su lura cewa yanka ɗaya ya tara sukarin abarba da na kanti da fulawa da mai. Abin marmari ne, a ci kaɗan, bisa shawarar likita.

Ga mai son mayar da shi sana'a

Ma'aikata da 'yan kasuwa da dama suna neman abin da zai tallafa wa albashi ko cinikin shago, kuma wannan kek yana da abin da ke taimakon lissafi: faranti ɗaya yanka 24 ne, ba ƙari ba ragi. A rubuta kuɗin fulawa da bota da sukari da abarba da gyaɗa na faranti ɗaya, a haɗa da kuɗin gas ko gawayi, da takarda da leda ko roba, da kuɗin mota zuwa kasuwa, da ladan aikin hannu. A raba jimillar gida 24, abin da ya fito shi ne uwar kuɗin yanka ɗaya, a kansa ake ɗora riba. Masu fara sana'ar gida sukan manta da kuɗin wuta da na wahalarsu, sai su yi ta ciniki jari yana ƙarewa ba su sani ba.

Farashin abarba yana hawa da sauka da lokaci. Idan ta yi arha, ana iya dafa da yawa, a kasa ta ma'aunin faranti ɗaya-ɗaya, a daskarar a firiza, matuƙar akwai tabbacin wuta. Tun da kayan ba ya daɗewa, ya fi aminci a gasa bisa oda, kamar ta walima ko suna ko taron ofis, maimakon a jibge a shago ana jiran mai saye. Wanda kuma ya yi niyyar rufe shi a leda da suna ya kai manyan kantuna, sai ya tuntuɓi hukumar NAFDAC game da rajista tun kafin ya fara.

Kafin a karɓi odar kowa, a gwada rabin ma'auni a gida sau biyu ko uku. Kowane obin da kowace tukunya da irin zafinsu, kowace abarba kuma da yawan ruwanta. A rubuta minti nawa dahuwar ta ɗauka, minti nawa gashin ya ci, da abin da iyali suka ce. A gwaji na uku, yawanci hannu ya riga ya gane lokacin da cokali yake buɗe hanya a gindin tukunya.